Idan talabijin ta kwaikwayi kanta, wa ake yi wa dariya?

Duk wanda ke da akwatin tauraron ɗan'adam na Multi TV a ɗakinsa a Aboabo ko Asawase, unguwannin zango na birnin Kumasi a Ghana, ya san Akrobeto. Sunansa na yanka Akwasi Boadi, ɗan wasan Kumawood ne, wato masana'antar finafinan Kumasi, da ya daɗe a harkar, kuma shekaru ke nan yana gabatar da shirin The Real News a tashar UTV. Komai na shirin irin na labaran dare ne: teburi mai ƙyalli, kwat, kiɗan buɗewa, allo a bayansa. Sai ya buɗe baki. Turancin ya riƙa kufce masa, ya kamo kalma ta gaba ta zame, ya sake kamo ta ta baya, ya tuntsire da dariya, sannan ya koma harshensa na Twi ya fassara labarin yadda ya ga dama. A ƙarshen 2020 wani guntun bidiyonsa, yana kokawa da sunayen ƙungiyoyin ƙwallon Turai, ya zagaye duniya, har mutanen da ba su san inda Ghana take a taswira ba suka san fuskarsa.

Yawancin masu kallo a nan suka tsaya: dattijo ne Turanci ya gagare shi, a yi dariya a wuce. Amma akwai abin da shirin ke yi wa mai kallo wanda ya wuce haka, ko da masu shirya shi sun nufa ko ba su nufa ba.

Mai karanta labarai na gaske ba shi ya rubuta abin da yake karantawa ba. Rubutun na gudu ne a wani gilashi da ke manne gaban kyamara, shi ya sa yake kallonka ido cikin ido kamar daga kansa maganar ke fitowa. Sunan garin da ya furta ba gargada, wataƙila da yammar nan ya fara jin sa, aka maimaita masa sau da yawa kafin a kunna fitila. An shafa masa hoda don kada goshinsa ya yi ƙyalli. Akwai wani a kunnensa yana ce masa rage gudu, juya hagu, saura daƙiƙa goma. Duk wannan aiki ana yin sa ne don kada a gan shi, domin abin da tasha ke sayarwa shi ne jin cewa mutumin nan ya sani. Akrobeto ya bar teburin da kwat ɗin da kiɗan a inda suke, ya cire abu guda, wato santsin harshe, sai ga sauran kayan sun fito fili a matsayinsu na kaya. Kamar tela ne ya juya maka babbar riga ciki waje: ka ga inda aka haɗa, ka ga zaren da ya fito, daga ranar kuma ko rigar wa ka gani ka san ɗinka ta aka yi.

Wannan shi ne ginshiƙin irin barkwancin da nake magana a kai, wanda abin zolayarsa ita ce talabijin ɗin kanta: labaranta, tallace-tallacenta, hirarrakinta, yadda take sa murya ta yi nauyi.

Turawa sun daɗe da shi. A Ingila, Monty Python's Flying Circus da BBC ta fara nunawa a 1969 yakan sako sunayen ma'aikata a tsakiyar shiri kamar an gama, ko ya kawo mai sanarwa na bogi ya ba da haƙuri a madadin tashar. A 1994 aka yi The Day Today, kashi shida kacal, wanda ya kwaikwayi labaran talabijin da zane-zanen kwamfuta masu ruɗa ido waɗanda ba su bayyana komai. A wani kashi mai gabatarwa, Chris Morris, ya yi hira da wakilan ɓangarori biyu da suka ƙulla yarjejeniyar ciniki, ya yi ta zuga su har suka shelanta yaƙi a gabansa, nan take ɗakin ya rikiɗe zuwa na rahoton yaƙi, alamar tun farko an tanadi kayan ana jira. Shekara uku bayan haka, a shirinsa na Brass Eye, ya ƙirƙiro wata ƙwayar maye da babu ita a duniya, ya sa fitattun mutane suka yi wa jama'a gargaɗi a kanta, har wani ɗan majalisa ya shigar da tambaya a kanta a majalisar dokoki. Ba wanda ya bincika. An kawo kyamara da takarda, suka karanta.

Amurka kuwa ta ɓangaren araha ta shigo. A 1994 tashar Cartoon Network ta ɗauko tsofaffin zanen wani katun na shekarun 1960 da ke ajiye, ta zaunar da jarumin a bayan teburi ta mayar da shi mai hira da baƙi, shi ne Space Ghost Coast to Coast. Akan yi hira da baƙon gaske, daga baya a canza tambayoyin a ɗakin tacewa, amsoshin su zama ba kai ba gindi. Daga wannan tushe aka samu sashen dare na Adult Swim a 2001, inda Tim Heidecker da Eric Wareheim suka yi shirinsu daga 2007 zuwa 2010, minti goma sha ɗaya kowane kashi, cike da tallan kayan bogi, da hoto mai dusu-dusu, da mutanen da ba su iya tsayuwa gaban kyamara ba. Eric Andre, tun 2012, da farfasa teburinsa da kayan ɗakin yake buɗe shiri kafin ya zauna hira.

Ya kamata a fahimci dalilin da ya sa rashin kuɗi ke yi wa wannan salo amfani, alhali yana kashe sauran. Fim ɗin soyayya ko na faɗa yana buƙatar ka manta da kyamara, don haka duk kuskuren haske ko sauti asara ce. Shirin da ke zolayar talabijin yana so ne ka tuna da kyamarar. Idan makirufo ya leƙo ta sama, ko koren ƙyallen da ake ratayawa a baya don kwamfuta ta ɗora wani hoto a kansa ya cinye gefen kunnen mai magana, ko aka yanke hoto kafin ya rufe baki, abin da ake son nunawa ke nan. Sannan wanda ya kashe kuɗi kaɗan ba ya da mai gidan da zai ji tsoro. Manyan tashoshi sukan jefa irin waɗannan shirye-shirye can tsakar dare, lokacin da masu talla ba su damu ba, kuma a wannan rashin kulawar ne masu shirin ke samun sararin gwada abin da ba a taɓa yi ba.

Sai dai kada wani ya ɗauka kowane shirme ne ke zama gwaninta. Kuskuren da aka shirya yana da lokacinsa. Wanda zai yi tuntuɓe da kalma don a yi dariya sai ya san daidai inda zai faɗi da tsawon shirun da zai biyo baya. Ɗan barkwancin Ghana Bob Okala, Allah ya ba shi wannan, da agogon bango ɗaure a hannunsa yake hawa dandalin wasan barkwanci na Key Soap Concert Party a shekarun 1990, kuma duk wanda ya kalle shi ya san mutumin ya ƙware a lissafin lokacin da zai ɗaga hannun.

Mu Hausawa ba baƙi ba ne a wannan fage, talabijin ce kawai ba mu da ita a lokacin. 'Yan kama sukan yi shigar malamai, su zauna da natsuwa, su ɗauko muryar mai karatu da mai jan baƙi, amma duk abin da ke fitowa daga bakinsu zancen tuwo ne da miya da fura. A wasan gauta, matan fada kan yi shigar sarki da hakimansa, su kwaikwayi tafiyarsu da yadda suke yanke hukunci, sarkin na zaune yana kallo. Tashe ma haka, yara su manna gemun auduga su yi tafiyar tsoho cikin azumi. Dukkansu dabara guda ce: a ɗauki siffar abin da ake girmamawa, a zuba masa wani abu daban a ciki, don mutane su gane siffa daban, gaskiyar abu daban. Ɗan kama bai raina ilimi ba. Abin da ya nuna shi ne rawani da murya kowa na iya aron su, saboda haka a nemi wata shaidar kafin a miƙa wuya.

A ganina babu inda ake buƙatar wannan darasi kamar zangunanmu na Kumasi a yau, kuma tarihin talabijin a ƙasar nan ne dalili.

An buɗe talabijin ta gwamnati, GBC, ranar 31 ga Yulin 1965, zamanin Kwame Nkrumah, wanda ya ce don ilimantarwa aka kafa ta, ba don nishaɗi mai arha ko kasuwanci ba. Fiye da shekara talatin kusan ita kaɗai ce a fili, sai a 1997 TV3 da Metro TV suka shigo. Iyayenmu sun tashi ne a zamanin da murya ɗaya ke fitowa daga akwati, kuma muryar hukuma ce. Juyin mulkin 1966 da na 1972 da na 1979 da na 1981 duk daga gidan rediyon gwamnati aka sanar da su. Wanda ya rayu a wannan zamani ya koyi cewa abin da akwati ya faɗa ya tabbata, kuma a lokacin bai yi kuskure sosai ba, domin ba kowa ke isa gaban makirufo ba. Kundin tsarin mulkin 1992 ya buɗe ƙofa, tauraron ɗan'adam ya ƙara wangale ta, yau tashoshin da aka ba izini sun haura ɗari. Wata tashar ɗaki guda ce da koren ƙyalle da kwamfuta da lambar waya na yawo a ƙasan allo. Ƙofar ta buɗe wa kowa, amma girmamawar da tsofaffinmu ke yi wa akwatin tana nan yadda take.

Cikin wannan giɓin masu ninka kuɗi suka shiga. Kowa ya gan su: mutum zaune da jar hula ko rawani, gabansa akwati ko ƙwarya, ya rufe da ƙyalle, ya yi 'yan surutai, ya buɗe sai ga damman sababbin takardun sidi, kuɗin Ghana. Sai a kira wani a waya ya ba da shaida cewa jiya ya tura ɗari biyar ta momo, wato asusun kuɗi na waya, yau ya wayi gari da dubu biyar. Da yawansu da sunan malam suke fitowa, abin da ke ƙona ran duk wanda ya san wahalar da malaman makarantun allo da Islamiyya na zango ke sha a kan ɗan abin da bai kai ya kawo ba. A watan Afrilun 2021 aka kashe wani yaro ɗan kimanin shekara goma a garin Kasoa kusa da Accra, kuma bayanin da 'yan sanda suka gabatar shi ne samarin biyu da aka kama sun nemi tsafin kuɗi ne bayan ɗayansu ya ga wata mai tsubbu a talabijin. A cikin wannan watan na Afrilun 2021 hukumar sadarwa ta NCA ta sanar da rufe tashoshi 49 da ke aiki ba izini. An yi hayaniya na ɗan lokaci, sannan aka ci gaba da ganin ire-irensu.

Doka tana da iyaka a nan. Hukumar kula da kafafen yaɗa labarai ta NMC ta fito da ƙa'idojin tace shirye-shirye a 2015, ƙungiyar masu tashoshi masu zaman kansu ta kai ƙara, Kotun Ƙoli ta soke muhimman sassansu a 2016 bisa hujjar cewa neman izini kafin watsa shiri ya saɓa wa 'yancin da tsarin mulki ya bayar. Ina ganin kotun ta yi daidai, domin wuƙar da aka ba hukuma don mai tsubbu ita za a juya kan ɗan jarida gobe. Amma hakan na nufin kariyar da ta rage ita ce idon mai kallo. Wa'azi yana taimakawa, malamai sun yi, suna kan yi. Sai dai wa'azi yana gaya maka ne cewa ƙarya ce. Wasan kwaikwayo na iya nuna maka yadda aka ƙera ƙaryar.

Na ga ɗan misalin haka a wayar wani ƙanena. Samari ne uku na wani bes, wato majalisar hirar samari, sun rataya koren zane a bangon shago, ɗaya ya naɗa rawani da tawul, ya ajiye kwalin taliya a gabansa yana cewa zai mayar da sidi biyar ya zama dubu. Ya rufe kwalin, ya ɗaga hannu sama, sai aka ga hoton ya ɗan yi tsalle, inuwar da ke bango ta matsa, kofin atayar da ke gefensa wanda yake cike ya koma rabi. Ya buɗe kwali, ga kuɗi. Sai mai ba da shaida ya kira waya, muryarsa na fitowa ta lasifika kuma tana fitowa daga bayan zanen a lokaci guda, har ƙafarsa da silifas ana hangowa ta ƙasa. Gwaggonmu na zaune, aka miƙa mata. Ta kalla, ba ta yi dariya ba, ta ce a mayar mata wurin kofin. Da aka mayar sai ta ce, "Ashe tsayar da abin suke yi su zuba kuɗin?" Ƙanen nawa ya ce, "Haka ne, Gwaggo, duk haka suke yi." Ta daɗe tana jinjina kai. Matar nan ta sha jin cewa masu ninka kuɗi maƙaryata ne, amma ba wanda ya taɓa nuna mata cewa ana iya yanke hoto a ɗinke shi ba tare da ta lura ba.

Minti biyu ne bidiyon, da waya ɗaya da manhajar CapCut aka yi shi.

To amma akwai inda abin ke karkacewa, kuma nan ne na fi damuwa. Idan aka zaunar da mutum a teburin labarai yana tuntuɓe da Turanci, dariyar na iya faɗawa wuri biyu. Tana iya faɗawa kan teburin, wato kan tsarin da ya mayar da harshen Ingila ma'aunin hankali a ƙasar da mafi yawan mutane da Twi da Hausa da Dagbani da Ewe da Ga suke rayuwarsu. Tana kuma iya faɗawa kan mutumin, da duk wanda ya yi kama da shi: mai tura baro a kasuwar Kejetia, direban pragya (keke mai ƙafa uku), tsohuwar da ke sayar da koko da ƙosai. Akrobeto yakan tsira saboda shi ke riƙe da linzamin, shi ya fara yi wa kansa dariya, kuma da ya koma Twi sai ka ga mutum ne mai kaifin baki wanda ba a isa a raina shi ba. Masu kwaikwayonsa da yawa ba su da wannan rabin na biyu. Su kan ɗauko wani bawan Allah a titi, wani lokaci mai taɓin hankali ko mai wata nakasa, su manna masa makirufo, su yi masa tambayar da suka san ba zai iya amsawa ba. Wannan aikin talabijin ne a mafi munin halinta, an dai sauya mai riƙe da kyamarar kawai.

Mu 'yan zango mun fi kowa sanin ɗacin wannan. Shekara da shekaru a finafinan Kumawood da wasannin dandali, idan aka fito da mutumin arewa ko na zango, mai gadi ne ko mai yankan nama, da gurɓataccen Twi, an sa shi don a yi dariya. Abin takaici ne a ce yaranmu sun samu kyamara a hannu sannan su maimaita wannan a kan 'yan'uwansu da suka zo daga ƙauye ko 'yan kayayo, masu dakon kaya a kasuwa. Gwajin da nake yi wa kowane bidiyo mai sauƙi ne: bayan na gama dariya, wa ya ragu a idona? Idan mai kwat ne da tambarin tasha, an yi aiki. Idan wanda dama ba shi da komai ne, an ci zali.

Matsala ta biyu ita ce yankan bidiyo. A tasha, mai kallo ya san shirin barkwanci yake kallo, ya ga farkonsa, ya san ranar da ake sa shi. A WhatsApp kuwa daƙiƙa talatin ce ke isowa, ba kai ba wutsiya, da jan rubutun labari da ɗumi-ɗuminsa a ƙasa. Gwargwadon yadda kwaikwayon ya yi kama da gaske, gwargwadon haɗarinsa ke nan, musamman a shekarar zaɓe, kuma kowa ya san yadda Asawase ke ɗaukar zafi a irin wannan lokaci. An soke dokar ɗaure mutum kan ɓata suna a 2001, amma sashe na 208 na dokar laifuka ta 1960, wanda ya hana yaɗa labarin ƙarya mai tayar da hankalin jama'a, yana nan, kuma an yi amfani da shi a kan 'yan jarida da masu magana a intanet. Yaron da ya ari tambarin tasha ta gaske ya manna a bidiyonsa ya jefa kansa cikin abin da bai san zurfinsa ba. A nan ma araha kariya ce. Tashar bogi mai sunan da ba wanda zai ɗauka da gaske, da tambarin da aka zana da hannu, da rawanin tawul, duk inda aka yanke bidiyon za su bi shi.

Game da addini kuwa, layin a fili yake ga duk wanda ya tashi a cikinmu. A kwaikwayi mayaudari, da ƙwaryarsa da lambar momonsa da mai ba shi shaidar zur. Ba a taɓa ayar Alƙur'ani, ba a wasa da salla. Wanda ya haɗa biyun ya ba mayaudarin mafaka, domin sai ya tashi ya ce addini ake zagi, jama'a kuma su bi bayansa.

Saura batun kuɗi, wanda shi ne ya fi wuya. Kasuwar faifan Kumawood ta durƙushe, tashoshi suka koma finafinan Indiya da aka juya zuwa Twi, irin Kumkum Bhagya da Adom TV ta fara sawa a 2015, 'yan wasa irin su Ras Nene suka koma YouTube da gajerun wasanni kuma suka samu abin yi a can. Amma su da Twi suke yi, kasuwarsu miliyoyi ce a gida da ƙetare. Mai yi da Hausar zango sai ya tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo kafin YouTube ta fara raba kuɗin talla da shi, kuma abin da ake biya kan mai kallo daga Afirka ta Yamma kaɗan ne. Manyan kasuwannin Hausa suna Najeriya da Nijar, inda Kannywood da Arewa24 suka riga suka cika wuri, kuma barkwancin da ya dogara da sanin tashoshin Ghana ba lalle ya yi tasiri a Kano ba. Saboda haka yaro ya fara suna, sai masu tallafi su zo, kuma su waye ke zuwa? Kamfanin caca, da mai maganin da ke warkar da ciwon suga da hawan jini da rashin haihuwa a kwalba ɗaya, alhali dokar lafiyar jama'a ta 2012 ta hana tallan maganin irin waɗannan cututtuka. Wato mutanen da ya kamata ya zolaya su ne ke miƙo masa ambulan. Na ga waɗanda suka karɓa, ban kuma iya zarginsu da zuciya ɗaya ba, domin data kuɗi ce, haya kuɗi ce. Amma daga ranar bidiyonsu ya canza, zolayar ta koma kan budurwa da mai bin bashi.

Abin da ya sa ban yanke ƙauna ba shi ne ƙanƙantar kuɗin da ake buƙata. Wannan ba fim ba ne da za a nemi miliyoyi. Waya mai kyau, makirufon maƙalawa a riga, yadi uku na koren ƙyalle, kuɗin data da na abincin mutum huɗu. Tela guda a Aboabo, ko mai shagon kayan masarufi a Alabar, ko Hajiya mai waakye (wake da shinkafa) da layinta ke kaiwa bakin titi, kowannensu na iya ɗaukar nauyin kashi ɗaya a wata, a ambaci sunan shagonsa a ƙarshe. Ƙungiyoyin matasan zango da ke tara kuɗin wasan Sallah da gasar ƙwallo suna iya ware wani abu. Tashoshin da ke magana da Hausa, irin Zuria FM a nan da Marhaba FM a Accra, suna da shafukan Facebook da dubban mutane ke bi, kuma ba yaran nan gurbin minti uku a mako ba zai rage musu komai ba.